Mashata: yadda za ki mayar da masu taswirar tsafi masu sana'a

Tambaya: Assalamu alaikum Baba. Ni marubuciya ce a nan Agege, littafin yaƙi nake rubutawa. A duniyar da na ƙirƙira akwai mutanen da sana'arsu zana taswira ta tsafi. Na yi babi uku, amma duk wanda ya karanta sai ya ce bokaye ne kawai na riƙa wa takarda. Tunda kai safiyo ne, mai awon fili, yaya zan yi su zama masu sana'a sosai?

Wa alaikumus salam, 'yata. Na karanta babi ukun da kika turo, kuma masu karatunki ba su zalunce ki ba. Jarumin naki da an shiga uku sai ya zaro fata daga jaka, ya hura mata iska, hanya ta fito tana walƙiya. Wannan ai madubin boka ne, kin dai shimfiɗa shi a ƙasa. Ban ga guminsa ba, ban ga wanda ya koya masa ba, ban ga mai biyansa ba, kuma ban ga ranar da taswirarsa ta ba shi kunya ba. Shekarata 26 ina awon fili daga Badagiri zuwa Epe, kuma abin da kike nema daga nesa yana nan cikin sana'ar tun asali: mutane sun fi gaskata takarda a kan ƙasar da suke tsaye a kanta. Ki kama wannan, ki ɗan ƙara masa gishiri, shi ke nan kin samu tsafinki.

Kada ki ɗauka zuƙi ta malle nake miki. A 1798 wani Bature mai zanen taswira, James Rennell, ya zauna a Ingila ya shata jerin duwatsu masu tsawo a Afirka ta Yamma, ya kira su Duwatsun Kong, bisa abin da wani Bature matafiyi, Mungo Park, ya hango daga nesa da abin da aka gaya masa. Wannan ya kwafa daga wancan, wancan ya kwafa daga na gaba, duwatsun suka zauna daram a takarda kusan shekara 90. Sai da wani sojan Faransa mai suna Binger ya taka ƙasar da ƙafarsa tsakanin 1887 da 1889, ya shiga garin Kong ɗin kansa, a arewacin Kwaddibuwa ta yau, ya tarar babu wani jerin duwatsu. Fataken Hausa da ke zuwa Gwanja sayen goro, da an tambaye su, da sun hutar da kowa, amma su ba su da takarda. To a duniyarki sai ki matsa taki ɗaya gaba: abin da mai sana'ar nan ya shata da tawadarsa, ƙasa za ta bi shi ta zama hakan. Abin da ya goge kuma, sai dai labari.

Ba sai kin je nesa neman misalin gogewa ba. Ki tambayi dattawan Obalende labarin unguwar Maroko ta nan Legas. A watan Yulin 1990, zamanin gwamnan soja Raji Rasaki, aka ba mutanen wurin wa'adin kwana bakwai, aka rushe unguwar da ake ƙiyasta mutum 300,000 a cikinta. Yau ki bi ta wajen Oniru, ba za ki ga abin da zai nuna miki an taɓa goyon yara a wurin ba. Ga kuma Makoko, da duk mai hawa gadar Third Mainland ke ganin hayaƙinta a kan ruwa, amma ta daɗe tana fitowa a taswira kamar ruwa zalla, har sai 2019 da ƙungiyar Code for Africa ta koya wa matasan wurin aiki da jirgi marar matuƙi da wayar hannu, suka bi lungu-lungu a kwalekwale suna sa makarantu da wuraren shan magani. Su sun san dalilin wahalar da suka sha. Wanda ba ya cikin takarda, korarsa ba ta da wuya.

Sai dai in kika bar musu ikon shata abin da suka ga dama kyauta, labari ya mutu, domin kowace matsala alƙalami ɗaya zai kashe ta. Dole ƙasa ta zama ba ta yafe bashi. Nan ma Legas ta ishe ki makaranta. Tsakanin 1908 da 1912 Turawa suka jera manyan duwatsu a bakin mashigar tashar jiragen ruwa don kada yashi ya toshe ta. Yashin da igiyar ruwa ke turowa daga yamma zuwa gabas sai ya riƙa taruwa a ɓangaren yamma, ita kuwa gaɓar tekun Bar Beach da ke gabas ta rasa abincinta, teku ya yi ta cin ta shekara da shekaru har ruwa ya riƙa hawa titi. Sabon birnin Eko Atlantic da ake cikewa yanzu a wurin, da bangonta mai tsawon sama da kilomita 8, yashinta daga ƙarƙashin teku ake zuƙo shi. Ba a ƙirƙiri ko kwano ɗaya ba. Haka za ki yi wa mutanenki: sarki ya sa a shata masa rijiya a fada, wata rijiya ta ƙafe a ƙauyen da bai san sunansa ba. A ƙara wa gonar waziri kamu goma, wata gona ta kwana ta tashi ta motse. Mai sana'ar ya san wannan sarai, ya kuma san a wace shiyya bashin zai faɗa. Kin ga tun kafin a zare takobi kin samu mutumin da ba ya iya barci.

Yanzu ga inda nake so ki fi ba wa ƙarfi, wato aikin kansa. Ki kafa musu doka: hannu ba ya shata inda ƙafa ba ta taka ba. Jarumin naki ya zama mai kaushi da faso, mai ƙirga takinsa ko bayan gida zai je. An yi irin mutumin nan a zahiri. Nain Singh, wani malamin makaranta ɗan tsaunukan arewacin Indiya, Ingilishi suka horar da shi har takinsa 2,000 ya zama mil ɗaya cif. Suka ba shi carbin mabiya addinin Budda, amma maimakon ƙwaya 108 da aka saba, nasa 100 ne. Duk taki ɗari sai ya ja ƙwaya ɗaya, carbi ya zagayo ya san ya ci mil biyar. Da haka ya shiga Tibet a ɓoye cikin ayari, ya isa birnin Lhasa a 1866, kowa na ganin mai ibada ne. Tsayin wuri kuwa, ruwa yake tafasawa ya duba zafinsa, domin a kan tudu ruwa na tafasa tun bai yi zafin da yake yi a gangare ba. Ki dubi abin da wannan zai ba ki a ƙasa irin tamu: tsoho cikin ayarin fatake, baki na motsi, carbi na tafiya, madugu na cewa a bar malam da wuridinsa, alhali birnin abokan gaba yake aunawa. Kuma ki manta da mita da kilomita. Muna da ɗani, da kamu, da gaba, da taki, muna da zango na tafiyar yini. Dare ya yi, ga Kaza da 'Ya'yanta a sama, asuba ga Gamzaki.

Akwai wani abu da duk safiyo ke tsoro, wanda ban taɓa gani a littafin kowa ba, na ba ki shi kyauta. Idan za mu auna fili, daga dutse sananne muke tashi, mu bi iyaka kusurwa-kusurwa, mu zagayo mu dawo kan dutsen nan da muka baro. A ƙasa ka dawo, ga dutsen ma kana taka shi. Amma idan ka zauna ka yi lissafi, takarda sai ta ce ba ka dawo ba, saura ɗan giɓi. Kullum akwai giɓin nan, komai kyan na'urarka. Yadda aka koya mana, in bai wuce ɗaya cikin 5,000 na tsawon zagayen ba, sai ka raba shi ga dukkan kusurwoyi, kowace ta ɗauki ɗan abin da ba a gani, awo ya rufe. In ya wuce haka, ka koma daji. Na taɓa yin kwana uku a wani fili bayan Ikorodu, giɓin mita ɗaya da rabi ya ƙi rufuwa. Na zargi na'ura, na zargi yaron da ke riƙe sanda har ya yi fushi ya ƙi cin abinci. Rana ta uku na durƙusa a gindin wani dutsen iyaka, na sa yatsa, sai na ji ƙasar da laushi, ga saiwoyin ciyawa a yanke, ga tsohon raminsa can gefe an cike shi da ganye. Cikin dare wani ya tumɓuke shi ya matsar.

To a duniyarki giɓin nan ya zama wuri na gaske. Ƙasa ce da ba ta cikin kowace taswira, faɗinta kamu ɗaya ko uku, kuma ta nan mutanen ɓoye ke shigowa. Mai sana'a na ƙwarai zai raba shi, kowane mai gona ya rasa ɗani guda, ƙofa ta rufe, sai dai zai sha zagi daga mutum arba'in. Rago ko maci amana zai tattara giɓin duka ya jibge a gonar wata gwauruwa da ba ta da mai tsaya mata, daga nan awakinta su fara ɓacewa da rana tsaka. Shaiɗanin cikinsu kuwa da gangan zai bar shi a buɗe, ya riƙa tara giɓi shekara da shekaru har ya zama unguwa guda, ya sayar wa ɓarayi da 'yan tawaye mafaka. Wanda aka yi wa kurciya ya bi duniya, wataƙila can yake ƙarewa. Ni da ni ne mai littafin, a nan zan kafa rabin labarin.

Wani abin kuma shi ne cibiya. Kowace taswira tana da turken da aka ɗaure ta a jiki. Tsohon awon Najeriya duka a Minna aka kafa turkensa, a wani dutse da muke kira L40, kuma takardun filaye da yawa a Legas da lissafin Minna aka yi su. Wayar hannunki kuwa da wani lissafi dabam take aiki, na tauraron ɗan Adam, mai suna WGS 84. Tazarar da ke tsakaninsu tana iya kai mita ɗari. Wani Alhaji mai sayar da tumatir a Mile 12 ya taɓa kirana da sassafe murya na rawa. Ya sayi fuloti, ƙafa 60 da 120 yadda ake yankawa a nan, ɗansa ɗan boko ya kwashe lambobin takardar awo ya zuba a waya, waya ta kai su tsakar gidan wani Bayarabe, gida na huɗu daga filin. Na iske su a ƙofar mutumin, an fara tara jama'a. Alhaji ya ce, “Injiniya, ko dai 'yan omo onile, masu sayar da fili da sunan gadonsu ne, sun cinye ni ne? Ga waya nan ta nuna.” Na ce, “Alhaji, takardarka gaskiya ta faɗa, waya ma gaskiya ta faɗa, ba da yare ɗaya suke magana ba ne.” Na juya lambobin, muka taka muka tsaya a kan filarsa ta siminti, lambar na nan a jiki. Ya daɗe yana kallon ɗan nasa bai ce komai ba. Ki ba masarautu biyu na labarinki cibiya biyu, kowace da turkenta mai tsarki da masu gadinsa. Duka biyun masu gaskiya ne, kuma ƙasar da ke tsakani tana yi wa duka biyun biyayya: yau kogin na gabas da gari, gobe yana yamma. Ga dalilin yaƙi wanda ba sai kin nemo mugun sarki mai jajayen idanu ba. Mai son cin masarauta kuma ba ganuwa zai fasa ba, turken zai sata.

Batun suna. Ba wanda zai tsaya a kasuwa yana cewa “masu zanen taswirar tsafi”. Sana'a gajeren suna gare ta: maƙera, majema, marina, magina. Na so in ce miki mazana, sai na tuna a rubuce zai yi kama da mace mai lissafin aurarrakinta. Ki ce mashata, daga shata iyaka. Namiji mashaci, mace mashaciya, ga Unguwar Mashata, ga Sarkin Shaci da rawaninsa a fada kusa da Sarkin Maƙera da Sarkin Aska. A wasu garuruwan mashaci shi ne abin taje kai, to abokan wasansu sun samu abin tsokana, irin yadda Gobirawa da Yarabawa ba sa haɗuwa a rabu lafiya. Maƙiyansu kuwa ba sai an koya musu ba, 'yan shaci-faɗi za su riƙa kiransu. Ki sa ta zama sana'ar gado, ta kasance da asirinta yadda maƙeri ke wasa da wuta, ɗan Sarkawa ke wasa da ruwa, da kirarinta, da abin da aka hana su. Misali mashaci ba ya shata garin da aka binne cibiyarsa, kuma ba ya mallakar ko taki ɗaya na ƙasa, a gidan aro yake mutuwa.

Kuma ba mutum ɗaya ke aikin ba. Akwai mai saran daji a gaba, akwai yaron da ke jan igiya shekara bakwai kafin a bar shi ya taɓa alƙalami, akwai mai zama a ɗaki yana haɗa abin da aka kawo. Shi na ɗakin nan kada ki raina shi. Al-Idrisi, masanin taswira haifaffen Sabta a gaɓar arewacin Afirka, ya yi kusan shekara 15 a Palermo da ke tsibirin Sisili a fadar sarki Roger na Biyu yana yi wa matafiya tambayoyi, yana gwada maganar wannan da ta wancan, kafin ya kammala aikinsa a 1154, taswira kashi 70, kudu a sama, arewa a ƙasa. Wannan ya nuna miki sa arewa a sama al'ada ce kawai. Mutanenki su sa gabas, inda muke fuskanta. Kuma kujerar ɗakin nan ta dace da mace ƙwarai: tsohuwa da ba ta taɓa fita ƙofar gari ba, amma ta fi madugu sanin hanyar, kuma tana gane maƙaryaci daga yadda ya ƙirga zangonsa. Kayan aiki ki bar su na gida, jar fatar akuya, alƙalamin kara, tawadar gawayi da ƙaro. Tsafin ya tsaya a abu ɗaya: tawadar ba ta kamawa sai an dama ta da ƙasar wurin da ruwan wurin. Don haka mashaci kullum jakarsa cike take da ƙullin ƙasa, kowane da alamarsa, kuma wanda ya sace masa ƙulli ɗaya ya riƙe gari guda a hannu. Shawara ta uba a nan: kada ki sa ayoyi ko sunayen Allah cikin kayan tsafinsu. Ba ki buƙatarsu, kuma za su jawo miki rigimar da za ta rufe labarin.

Saura ƙarya, wadda ba a raba ta da sana'ar. A 1824 wani Bature matafiyi, Clapperton, ya iso Sakkwato yana neman inda kogin Kwara ya ƙare. Ya rubuta cewa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya zana masa kogin a kan yashi, ya nuna masa yana shiga teku. Amma taswirar takarda da ya koma da ita Ingila, wadda aka buga a 1826, ta nuna Kwara ta miƙe gabas, da rubutun Larabci cewa ita ce ke isa Masar. Wasu masana tarihi suna ganin da gangan aka yi don kada a nuna wa baƙo ƙofar gida, wasu suna ganin bin fahimtar tsofaffin littattafan Larabawa ne. Sai 1830 'yan'uwa biyu Turawa, su Lander, suka bi kogin a kwalekwale har teku. Ki lura da abu biyu da ke hannun sarki ɗaya: zanen yashi da iska ke sharewa, da zanen takarda da ke tafiya ƙasar wasu. Mashatanki su kasance da duka biyun. Na yashi gaskiya ne amma ba ya ɗaure ƙasa, shi ake yi wa aboki. Na fata yana ɗaurewa, shi ya sa kafin a ba wa baƙo na ƙarya sai an yi shawara a fada, domin ƙaryar za ta zama gaskiya, kogin zai juya da gaske, masunta na ƙasa su wayi gari a kan yashi.

Babinki na farko ki sake shi. Cire hurin iskar nan da walƙiya. Ki buɗe da yarinya mai jan igiya, an yi kwana tara ana zagaya gandun sarki, rana ta yi ja, an dawo kan turke, maigidanta ya zauna ya ja carbinsa ya sake ja, ya ɗago ya ce saura kamu uku. Kowa ya yi tsit, mai saran daji ya fara tattara kayansa. Mai karatu bai san mene ne kamu uku ba tukuna, amma ya ga manya sun tsorata.

In kina so ki ji yadda abin yake a jiki, ranar Asabar muna da aiki wajen Epe. Ki zo da yayanki, ki sa takalmi mai rufi don akwai ruwa a wurin, ki taho da hular rana. Zan ba ki sanda ki riƙe daga safe zuwa azahar, kuma in awon bai rufe ba, ke zan fara zargi.